Ranar da Kawu Ya Buɗe Tukwanenmu

Bara da rani, da aka ce masu proje, wato ƙungiyar agaji, za su zo duba marasa ƙarfi, maƙwabciyata ta koro awakinta ta cusa su bayan ɗakina, ta ce in riƙe mata su zuwa la'asar. Ta koma gida ta cire atamfarta, ta ɗaura wani tsumma da ko kaza ba za ta yarda ta yi ƙwai a kansa ba. Na zauna ina kallon awakin suna cin dangata, dariya ta kama ni, can kuma sai na ji idona ya cika. Ban ga laifinta ba, kowa da zamaninsa, kuma ita ma ba ƙoshi ne ya yi mata yawa ba. Abin da ya taɓa ni shi ne na tuna lokacin da mu muke ɓoye yunwa kamar yadda ake ɓoye cikin fari, har ta kusa gamawa da mu. Na kuma tuna kawuna, wanda ban taɓa ba jikokina labarinsa yadda ya kamata ba.

Garinmu ƙarami ne, arewa da Mayahi, a kan hanyar rairayi da ke bi zuwa Isawan. A ƙuruciyata turmi ne agogonmu. Tun assalatu za ka ji taɓaryar farko daga gidan liman, gidan kusa ya amsa, kafin rana ta fito gari duka ya ɗauka, ga kukan guga a bakin rijiya, ga jakai, ga makiyaya suna kiran shanu da sunayensu. Mace mai kunne tana iya gaya maka abin da kowane gida zai ci daga sautin turminsa, domin surfe daban, dakan gari daban, kirɓin fura daban. Shi ya sa aka koya mana tun muna ƴan mata cewa turmin matar kirki ba ya shiru. In babu hatsi, ki zuba dusa ki daka. In babu dusa, ko ɓawon gyaɗa ne ki daka, ki ɗora tukunya ki hura wuta hayaƙi ya tashi, kada maƙwabta su san halin da mijinki ke ciki. Innata takan ce ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Yaran yanzu kuwa in sun ci shinkafa sai sun ɗauke ta a waya kowa ya gani, in sun kwana da yunwa ma haka suke yi.

Kawu yayan innata ne. An ɗauke shi soja tun kafin a haife ni, zamanin da Nasara ke zuwa su ɗebi samari su kai su yaƙin da ba nasu ba. Yaƙi ya ƙare, masu sauran kwana suka dawo, shi bai dawo ba. Sai bayan an yi mini aure, innata ma ta riga ta rasu, wata rana motar kasuwar Tasawa ta sauke wani dogon tsoho da akwatin ƙarfe da malafar Nasara, yana Hausa kamar mai tauna tsakuwa. Ba mata, ba ɗa, ba dukiya. Aka ba shi ɗaki kusa da gidanmu, kuma tun da ni ce jininsa mafi kusa, ƙwaryar furarsa da akushin tuwonsa suka dawo hannuna. Da dattawa suka tambaye shi sana'ar da ta riƙe shi a Faransa duk shekarun nan, ya ce silima yake yi. Aka ɗauka shi ne jarumin, mai mota da bindiga. Ya yi dariya har da tari, ya ce a'a, shi ne mai buɗe wa jarumin ƙofa.

In na kai masa fura da hantsi, yakan buɗe akwatin ya nuna mini hotuna. A kowane hoto akwai Bature ko Baturiya a tsakiya, Kawu kuma yana can gefe, wani lokaci rabin fuskarsa kawai ta samu shiga. Nan yana riƙe da faranti, nan da kayan matafiya a tashar jirgi, nan da hular kuku, nan da kakin soja yana kwance a ƙasa. Ya ce bayan yaƙi yana dako a bakin teku, wani mutum ya tsaya ya dube shi sama da ƙasa, ya tambaye shi ko ya iya tsayawa cik ba motsi. Ya ce masa ai shi soja ne, abin da ya fi iyawa ke nan. Daga ranar ya shiga aikin, kuma aikin yawancinsa jira ne. Ka zo tun da asuba cikin sanyi, ka zauna har yamma, don a kira ka ka ajiye kofi ka fita. A zana maka alama da alli a ƙasa, nan za ka tsaya, ba gaba ba baya. Kada ka kalli idon kamara. In ka fi babban tsawo, ka ranƙwafa. In an ce ka mutu, akwai yadda ake mutuwa: gwiwa ce ke fara sauka, sai kwatangwalo, sai kafaɗa, kai shi ne ƙarshe, don gobe ma ana bukatarka. Ya tashi ya gwada mini a tsakar gida, tsoho da furfurarsa, ya sulale ƙasa kamar an zare masa ƙashi. Na yi salati na saki ludayi, shi kuma ya buɗe ido ɗaya yana dariya.

Na ce, "Kawu, to kai ba ka taɓa zama babban ba?"

Ya ce, "Ɗiyata, in kowa ya zama ango, wa za shi shimhiɗa tabarma? Sunana hwa shina hitowa. Can ƙasa, da ƙananan baƙaƙe, sa'ad da mutane sunka riga sunka tashi suna neman takalmansu."

Sau ɗaya muka gan shi a bango. Masu majigi suka zo Tasawa ranar kasuwa, wani malamin lakwal, wato makarantar boko, ya aiko cewa akwai Kawu a cikin abin da za su nuna, muka cika amalanken shanu muka tafi. Bayan magariba aka haska. Muka yi ta kallon Turawa suna surutu suna shan taba, ba mu ji ko kalma ba, har wasu suka fara gyangyaɗi. Can sai ga Kawu, saurayi sumul da farar riga, ya shigo da faranti. Baturen ko kallonsa bai yi ba ya faɗi wata magana, Kawu ya sunkuyar da kai ya ce, "Wi, mushe," wato "To, ranka ya daɗe" da Faransanci, ya fita. Shi ke nan. Atishawa ma ta fi shi daɗewa. Mutanenmu suka yi ta jira ya sake fitowa har aka kashe fitila. Kafin kasuwa ta zagayo sunansa ya zama Wi-Mushe, yara da manya. Ni abin ya ƙona mini rai, shi kuwa amsawa yake yi har da sunkuyar da kai. Dattawa suka daina tambayarsa ra'ayi a bakin masallaci, domin a ganinsu wanda ya ƙare ƙuruciyarsa yana ɗaukar farantin wani ba shi da abin da zai koya wa masu gona.

Sai fari ya zo. Ba rana ɗaya ya zo ba. Shekarar farko hatsi ya yi rabi, muka ce Allah ya kyauta. Ta biyu ya tsaya a gwiwa ya bushe. Ta uku aka yi shuka sau uku, iska ta binne ta sau uku. Shanun makiyaya suka riƙa faɗuwa a bakin rijiya, har ungulu ta ƙoshi ta daina sauka. Maza masu ƙarfi suka tsallaka Najeriya neman abin da za su aiko, mijina yana cikinsu, ya bar ni a gidan mahaifinsa, wanda shi ne mai garinmu. Muka koma cin ƴaƴan anza, wanda sai an jiƙa shi kwana da kwanaki ana sake ruwa kafin ɗacinsa ya fita, da ganyen jiga, da ƴan ƙwayoyin da muke tonowa a gidan tururuwa. Duk da haka, da asuba turame suna tashi kamar kullum. Ni na san abin da ke cikin nawa, kuma na san na maƙwabta bai fi nawa ba, amma in mun haɗu a rijiya sai mu ce, "An gama dakan?" a amsa, "An gama, sai talge."

A lokacin ina goyon ɗana na fari. Wanda bai san al'adarmu ba ba zai gane nauyin wannan ba. Ɗan fari ba a kiran sunansa, ba a yi masa wasa a gaban mutane, ba a nuna an damu da shi, balle a gaban surukai. Har yau da ya yi furfura ban taɓa kiran sunansa ba. To ga nonona yana ƙafewa, yaron ya daina kuka mai ƙarfi, sai wani ɗan ƙara kamar na ɗan akuya, gashin kansa ya yi ja ya yi laushi. Ina goya shi in rufe shi ruf da mayafi, in an tambaya in ce barci yake yi. A ɗaki ni kaɗai nake kwance shi in duba, in ga fatar cinyarsa tana lilo, in ji tsoro ya kama ni. Na san in ba a samu hatsi ba, yaron nan ba zai ga damina ba. Kawu ne kaɗai ya lura. Kullum in na kai masa ɗan abin da aka samu, sai ya kurɓi kaɗan ya turo mini ƙwaryar, ya ce cikinsa ya saba da cin Turawa, ɗan kaɗan ke isarsa, in shanye kada a zubar. Ni kuma, Allah ya yafe mini, ina shanyewa.

Ana cikin haka sojoji suka karɓi mulki. Mu dai abin da ya iso mana a rediyon liman shi ne za a fara rabon hatsi da manyan motoci, amma tun da ba zai ishi kowa a lokaci ɗaya ba, za a turo wanda zai zagaya ya ga garuruwan da suka fi jin jiki. Da aka aiko cewa gobe baƙi na tafe, surukina ya tara gari. Ya ce baƙon gwamnati ne, kada a ba shi kunya. A share gari, kowa ya fito da rigarsa ta salla, mata su sa kwalli, a yanka akuyar da ta rage a gidansa. Kowa ya ce haka ne, domin haka muka gada, baƙonka annabinka. Ina bayan danga ina ji Kawu ya yi gyaran murya.

Ya ce, "Mai gari, ranka shi daɗe, ku yi mini haƙuri in ce wani abu. Mutanen nan ba gaisuwa ta kawo su ba, ido sunka zo da shi. Abin da sunka gani shi za su rubuta. Na yi aiki da irinsu, abin da ba a nuna ba, a wurinsu babu shi. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi."

Surukina mutum ne mai haƙuri, amma ranar ya ɗaure fuska. Ya ce, "Mi kake so mu yi? Mu hito tsirara mu yi ta kuka gaban yaron da munka haihi kamarshi? Mu ba mu iya wasan silima ba. Talauci ba hauka ba ne."

Wani daga baya ya ce, "Wi, mushe," aka yi dariya, taro ya watse.

Washegari wani laftanan soja ya zo da ƙaramar mota, yaro ne ɗan birni, da alama bai taɓa kwana a ƙauye ba. Ya tarar da gari fes, dattawa cikin manyan riguna, turame na tashi ta ko'ina, hayaƙi a kowane gida. Aka shimfiɗa masa tabarma, aka ajiye masa nama. Ya tambayi mai gari yaya abinci a garin. Surukina ya ce, "Alhamdu lillahi, da sauƙi, muna godiya." Ya tambayi liman, liman ya ce haka. Ni kaina na durƙusa na gaishe shi, da kwallina da goyona a rufe. Ya yi rubutu a ɗan littafinsa, ya yi godiya, ya tafi. Mu a wurinmu duk mai hankali ya san in dattijo ya ce da sauƙi, to babu sauƙin, kuma rigar salla a ranar da ba salla ba ita kanta magana ce. Shi ba a koya masa wannan karatun a lakwal ba. Bayan kwana kaɗan manyan motoci suka fara wucewa ta gefen garinmu, shaƙe da buhuna, suna yin arewa. Muna tsaye muna kallon ƙurarsu, ba wanda ya dubi ɗan'uwansa.

Motocin sukan tsaya a rijiyarmu su sha ruwa, don rairayi na sa su zafi, kuma laftanan nan yakan biyo su ranar Laraba. Ranar Talata da la'asar Kawu ya kira ni ɗakinsa. Ya ce gobe zai tare shi, yana so in zo in tsaya kusa da shi in kwance goyona. Na ji kamar ya watsa mini ruwan zafi. Na ce, "Kawu, ɗan fari? Gaban Baba? Gaban gari? In ce mi, gidan mai gari ya kasa ciyar da jikanshi?" Bai yi mini faɗa ba, da ma ya yi, da ya fi mini sauƙi. Ya ce, "To, ɗiyata, tahi abinki. Na saba shiga ni ɗaya."

Da safe na je ɗiban ruwa na tarar da shi a can. Ya ja layi da dugadugansa a kan rairayi, daidai inda ƙaramar motar ke tsayawa, ya koma gindin wani busasshen gawo ya zauna. Hantsi ya yi, rana ta take, yana nan. Mata suna ta zunɗensa. Ni na kai tulu gida na dawo, na sake kaiwa na dawo, ba don muna bukatar ruwan ba. Wajen azahar muka ji rurin motoci. Kafin su tsaya rabin gari ya fito kallo kamar kullum, har da surukina. Sai Kawu ya miƙe, ya cire malafarsa, ya tuɓe rigarsa ya ninke ta ya ajiye, ya rage daga shi sai wando.

Tun da ya dawo ba wanda ya taɓa ganin jikinsa. Wallahi ban san mutum na iya ramewa haka ya kuma yi tafiya ba. Haƙarƙarinsa duka a waje, cikinsa ya manne da baya, hannuwansa kamar karan dawa. Nan take na tuna ƙwaryar da yake turo mini kullum, na gane inda abincinsa ke tafiya. Ya taka a hankali, bai kalli kowa ba, ya nufi layin da ya ja. Saura taki biyu ya kai, sai ya faɗi. Na ga yadda yake faɗuwar wasa a tsakar gida, wannan ba ita ba ce. Da fuska ya sauka, bakinsa ya fashe.

Laftanan ya diro da gudu, ya ɗaga shi, ya sa aka kawo ruwa. Da Kawu ya farfaɗo, sai ya kama hannun laftanan ya fara yi masa magana da Faransanci. Mu da muka san shi da kalma biyu, ranar muka ji Faransanci na zuba daga bakinsa ba tsayawa, a natse, ba roƙo ba kuka. Laftanan ya cire hularsa yana saurare. Sannan Kawu ya dafa kafaɗarsa ya miƙe, ya ja shi zuwa cikin gari, mu duka muna biye. Gidan farko da suka shiga, matar gidan tana tsaye kan turmi. Kawu ya sa hannu ya ɗebo abin da ke ciki ya zuba a tafin laftanan, ɓawon gyaɗa ne da ƙasa. Ya wuce murhu ya ɗaga murfin tukunya, ruwa ne zalla yana tafasa. Matar ta rufe fuska da zane ta shige ɗaki. Haka ya bi gida gida, har gidan liman, ba sallama ba neman izini. Ba mai hana shi, ba mai taya shi. Ƙarshe ya shigo gidanmu, ya sa wani soja ya hau ya ɗaga murfin rumbun mai gari, sojan ya leƙa ya girgiza kai. Kawu ya juyo wajen murhuna. Ya ɗan tsaya, ya dube ni, sannan ya buɗe tukunyata. Ganyen jiga ne guda nawa ke yawo a cikin ruwa.

Surukina yana tsaye a tsakar gidansa da babbar rigarsa, kansa a ƙasa. Ban taɓa ganin namiji ya tsufa a tsaye kamar yadda ya tsufa a wannan lokacin ba. Laftanan ya dube shi ya ce da Hausarsa ta birni, "Baba, me ya sa ba ku gaya mini ba?" Ni kuma ban san lokacin da hannuna ya kai ga ƙullin majanyi ba. Na kwance goyon, na yaye mayafin, na riƙe yaron a hannu biyu a gaban surukina da liman da sojoji da kowa. Yaron ya buɗe ido, hasken rana ya dame shi, ya yi ɗan ƙaran nan nasa. Laftanan ya juya baya da sauri, ya daka wa direbobi tsawa a sauke buhuna.

Jar dawa ce, irin wadda da can ba ma ba wa ko jaki, da garin madara. A yammacin nan turamen garinmu suka yi sautin gaskiya, kowa ya ji bambancin. Aka sa sunan garinmu cikin waɗanda ake kai wa, aka kuma ba ni wani kunu na musamman don yaron. Cikin kwanaki nonona ya dawo. Ranar da ya fasa kuka mai ƙarfi har ya hana gida sakat, na shiga ɗaki na rufe ƙofa na yi ta yi masa rawa ni kaɗai.

Amma gari bai yafe wa Kawu ba. An ci dawar, ba a yafe ba. Suka ce ya tona asirin gidaje, ya shiga wurin matan mutane ba sallama, ya kunyata mai gari gaban bare. In ya doso bakin masallaci sai hira ta mutu. Ko Wi-Mushe aka daina kiransa, kuma na lura rashin tsokanar ya fi tsokanar yi masa ciwo. Surukina bai sake ambatar sunansa ba, ni ma bai ce mini komai ba kan abin da na yi, sai dai ya daina haɗa ido da ni. Kawu kuwa tun faɗuwar nan bai sake samun ƙarfi ba, ya kwanta. In na kai masa kunu sai ya kurɓa sau biyu ya ce ya isa. Wannan karon ba dabara ba ce, cikin ne ya riga ya rufe. Na ce masa, "Kawu, ka yafe mini, da ni ya kamata in tsaya kusa da kai tun farko." Ya ce, "Ai kin shigo daidai lokacinki. Ni dai na buɗe ƙohwa."

Kwana uku da kwanciyarsa, na fito da sassafe na tarar da akushi a ƙofar ɗakinsa, a rufe da faifai, tuwo da ɗumi. Ban ga wanda ya ajiye ba. Washegari uku ne. Kafin mako ya cika sai in tarar da su jere har bakin danga, ba mai sallama, ba mai cewa nawa ne. Amma a ƙaramin gari akushi ba ya ɓuya. Na san na gidan liman da ɗinkin da aka yi masa a baki, na san na matar nan da ya fara buɗe wa tukunya. Akwai kuma wani baƙin akushi babba da na fi kowa saninsa, domin ni nake wanke shi kullum, na surukina ne, wanda ba mai ci a cikinsa sai shi. Nakan shigar da su in jera a gaban Kawu in gaya masa na wane da na wane. Ya sa hannu ya shafa murfin, ya yi murmushi, ya ce in kira yaran unguwa su cinye, kada a mai da tuwon mutane. Ko loma ɗaya bai iya haɗiyewa ba. Da yamma in wanke akusan in ajiye a bakin danga, su ɓace kamar yadda suka zo.

Ya rasu kafin ruwan farko ya sauka. Gari duka ya raka shi, surukina ne a gaba wajen ɗaukar makara, amma ba wanda ya yi wata magana da ta wuce addu'a. Da aka dawo na wanke akusan ranar, wannan karon na bi gida gida na mayar da hannuna, kowace mace ta karɓi nata ba ta tambayi yadda na gane ba. Baƙin akushin na bari ƙarshe. Na tarar da surukina zaune a zaure shi kaɗai, na durƙusa na ajiye a gabansa. Ya daɗe yana kallon akushin. Har na yunƙura zan tashi sai na ji muryarsa, ƙasa ƙasa, tana rawa.

"Ya ci?"

Na dubi tsohon nan, idanunsa sun kaɗa, yana jiran amsata kamar mai jiran hukunci. Na ce, "Ya ci, Baba. Naka shi kan fara ci, har shi sa albarka."

Ya ce, "Alhamdu lillahi," ya ja rawaninsa ya rufe fuska, kafaɗunsa suna girgiza. Na tashi na ba shi wuri. Na yi istigfari kan abubuwa da yawa a rayuwata, amma wannan ƙaryar har yau ban nemi gafara a kanta ba.